Rumman a Ƙasar Citta

Kudancin Kaduna ba ƙasar da za a yi wa gorin 'ya'yan itace ba ce. Shiga kasuwar Kafanchan a watan Afrilu ka ga mangwaro tsibi-tsibi, masu shi har roƙo suke a ɗauka. In lokacinsu ya kama, ga lemu, ga gwaiba, ga ayaba, ga atile ana aunawa. Amma tsaya gaban mai tebur ka ce rumman kake so. Da wuya ka samu. Wani ma sai ya tambaye ka yadda kamanninsa suke, alhali sunan yana kunnensa tun yana yaro, ko ranar Juma'a yake zuwa ibada ko ranar Lahadi.

Sau uku Alƙur'ani ya ambaci rumman: sau biyu a Suratul An'am, aya ta 99 da ta 141, inda ya zo tare da zaitun da dabino, sai kuma aya ta 68 ta Suratur Rahman, cikin 'ya'yan itatuwan Aljanna. A Littafi Mai Tsarki ambaton ya fi haka yawa. A Fitowa sura 28 an umarta a yi siffofinsa da zare a bakin rigar Haruna. A Littafin Ƙidaya sura 13, mutanen da Musa ya aika su leƙo ƙasar Kan'ana sun komo da inabi da ɓaure da rumman. A 1 Sarakuna sura 7 kuwa, siffofinsa 200 na tagulla aka jera a kan kowane ɗaya daga ginshiƙai biyu na haikalin Sulemanu. Mu nan, Bajju da Atyap da Ham da Agworok da Fantswam da sauranmu, da Hausa aka yi ta karanta mana wannan littafi a majami'u tun da aka buga cikakkensa a 1932. Shi ya sa dattijon coci da limamin unguwa suna ɗaya suke kiran ɗan itacen da shi, wanda Hausa ta aro daga Larabci.

Ni malamin gona ne. Na yi aiki a ƙauyukan Jama'a da Zangon Kataf da Jaba har na ajiye aiki. A da, in ka ji zancen rumman a yankin nan to wa'azi ake yi. Tun daminar 2023 zancen ya koma na kuɗi. Ba wanda zai manta da wannan shekara: ganyen citta ya yi ɗorawa, ka tona ka tarar da ita ta ruɓe a ƙasa, gona bayan gona, daga Kachiya zuwa Kagarko zuwa Kwoi har abin ya iso mu. Gidajen da da citta suke biyan kuɗin makaranta, da ita suke aurar da 'ya'ya, suka wayi gari ko irin shukawa babu. Mutumin da ya shiga wannan hali, duk ƙofar da aka nuna masa zai nufa. Sai ga bidiyo yana yawo a waya, ana nuna gonakin Indiya, itatuwa sun sunkuya da jajayen 'ya'ya, a ƙarshe a ce ga dashe na sayarwa.

Wani saurayi daga wajen Kwoi ya same ni da wayarsa a hannu, ya ce, "Baba, an ce rumman ya fi citta kuɗi, ba ya ciwo, kuma ba ya son ruwa da yawa. So nake in sayar da babur ɗina in cika gonar da shi." Na ce, "Ɗana, samu wuri ka zauna tukuna. Maganar kuɗi tana iya zama gaskiya. Maganar ba ya ciwo ƙarya ce. Wannan ta rashin son ruwa kuwa, ita ce ya kamata ta hana ka barci, don ka san ƙasar da kake noma." Bayanin da na yi masa a ranar shi nake so in shimfiɗa a nan, don ba shi kaɗai ne mai wannan tunani ba.

Itacen ba babba ba ne. In an bar shi yakan kai mita uku zuwa biyar, da rassa sirara masu yawa da ke fitowa tun daga gindi, wasu da ƙaya a ƙarshensu. Ganyensa ƙanana ne masu sheƙi, furensa ja wur da ɗan ratsin ruwan lemu. Ɗan yakan kai girman babban lemu, da ɓawo mai tauri da ɗan kambi a ƙasansa. In ka fasa sai ka tarar da ƙwayoyi ɗaruruwa, a wani ma fiye da 1,000, kowace tana cikin jakarta ta ruwa mai zaƙi da ɗan tsami, farin tantani mai ɗaci ya raba su ɗaki-ɗaki. Yawan ƙwayoyin nan ne ya sa al'ummu da dama suka ɗauke shi alamar haihuwa da yalwa. A al'adar Yahudawa ana cewa ƙwayoyinsa 613 ne, daidai da yawan dokokin Attaura, ko da yake wanda ya zauna ya ƙirga zai ga kowane ɗa da nasa adadin.

Asalinsa yankin da ya tashi daga Iran ya bi ta Afganistan zuwa arewacin Indiya ne, kuma yana cikin itatuwan farko da ɗan Adam ya fara dasawa da hannunsa, tare da zaitun da ɓaure da inabi da dabino. Daga can fatake suka yi yamma da shi. Masu tonon tarihi sun sami ɓawonsa a wani tsohon kabari a Yariko. A kabarin Fir'auna Tutankamun, da aka buɗe a 1922, an tarar da wani ɗan tulu na azurfa da aka ƙera da siffar rumman, ya kwana a ƙasa sama da shekara 3,000. Larabawa sun bunƙasa nomansa a Andalus, kuma har yau yana jikin tambarin ƙasar Sifen, alamar birnin Granada wanda ya fita daga hannun Musulmi a 1492. Sifaniyawan ne suka haye teku da shi zuwa nahiyar Amurka, ya isa Kalifoniya a 1769.

Sunayensa ma hanyar da ya bi suke nunawa. Farisawa da mutanen Indiya suna ce masa anar, Turkawa su ce nar. Da Ibrananci rimmon ne, da Larabci rumman, uwa ɗaya ta haife su. Rumawa kuwa daga Kartaj suka san mafi kyawunsa, tsohon birnin da kufansa ke gefen Tunis a yau, sai suka kira shi tuffar mutanen Kartaj. Daga nan Carl Linnaeus, masanin tsirrai ɗan Suwidin, ya ɗauko sunan kimiyya da ya raɗa masa a 1753, wato Punica granatum: kalmar farko tana nuni ga Kartaj, ta biyu tana nufin mai ƙwayoyi.

Akwai kuma wani suna da ya iso mu ta mummunar hanya. Faransawa suna kiran rumman grenade. Da aka ƙera ƙaramin bam na jifa da hannu, mulmulalle, cike da albarushi, sai suka ba shi sunan ɗan itacen. Turawan Ingila suka ara, sojojinmu suka ji a bakinsu, ya zama gurneti. Yaran yankin nan da yawa sun san abin da gurneti yake nufi, saboda abin da idonmu ya gani a shekarun nan, amma ba su taɓa riƙe rumman ba. Wannan yana cikin dalilan da nake so in ga ko gindi ɗaya a harabar makarantunmu da majami'u da masallatai.

A ƙasar Hausa ba baƙo ba ne. Hugh Clapperton, Baturen da ya ziyarci Sarkin Musulmi Muhammadu Bello a Sakkwato a 1824, da ya biyo ta Katsina a hanyar komawa ya lissafa rumman da ɓaure da lemun tsami cikin 'ya'yan itatuwan birnin. Yau ma in ka je Agadas ka yi tambaya, za a nuna maka hanyar Timiya, cikin duwatsun Azbin, inda Buzaye ke jan ruwan rijiya suna shayar da lambunan lemu da dabino da rumman. Alhazai kuma sun san na Ɗa'ifa, garin kan dutse da ke kusa da Makka. Maƙwabcina wani alhaji daga can ya ajiye ƙwayoyin wanda ya sha, ya zo ya shuka a tsakar gidansa. Itacen ya tashi lafiya lau, yana fure duk shekara. Amma in marka ta yi sai ya kira ni ta katanga: "Malam, zo ka ga ikon Allah, sun sake fashewa." In na leƙa sai in ga 'ya'yan sun tsage a kan reshe tun ba su nuna ba, tururuwa da ƙudaje sun cika su.

To, a duba wuraren da rumman ya yi suna: Saveh da Yazd a Iran, Kandahar a Afganistan, Ɗa'ifa, Sa'ada a Yaman, Manfalut a Masar, Gabes a Tunisiya, Timiya, Katsina. Babu ƙasar ruwa ko ɗaya a cikinsu. Wurare ne na rana mai zafi da busasshiyar iska, inda manomi ne ke ba itace ruwa da awo, ba sama ba. Gundumar Solapur ta jihar Maharashtra, inda gwamnatin Indiya ta kafa cibiyar binciken rumman a 2005, ruwan da take samu a shekara bai kai rabin na Kafanchan ba. Mu iskar damina tana tasowa daga kudu maso yamma ta bugi duwatsun Kagoro da gefen tsaunin Filato, ta sauke mana kayanta. Ruwanmu yakan haura milimita 1,400, daga Afrilu har Oktoba. Ruwan da ya sa citta da atile da kwakwar manja suke jin daɗinmu, ya sa Matsirga ke ruri, shi ne abin da ɗan rumman ba ya jurewa.

Ɓarnar ta hanya biyu take zuwa. Ta farko fashewa. In ɗan ya fara ƙosawa ɓawonsa yakan daina miƙewa, sai saiwa ta kwankwaɗi ruwan sama mai yawa lokaci ɗaya, ƙwayoyin ciki su kumbura, ɓawon ya tsage. Ta biyu cututtuka. Danshi da ɗumi su ne abincin fumfuna da ƙwayoyin cuta. Akwai wadda ke shiga tun itacen yana fure, ɗan ya girma da kyau a waje, ka fasa ka tarar da cikinsa baƙi ƙirin. Akwai wadda manoman Maharashtra ke kira telya, mai yin ɗigo-ɗigo masu maiƙo a ganye da ɓawo, wadda ta sa mutane da yawa a can suka tumɓuke gonakinsu gaba ɗaya. Feshin ruwan sama ne ke yaɗa ta daga itace zuwa itace, kuma a jikin dashe take tafiya daga gari zuwa gari. Wanda ya ga abin da ruɓaɓɓen iri ya yi wa citta bai kamata ya sayi dashen da bai san asalinsa ba.

Duk da haka ban ce a haƙura ba, don akwai dabarar da manoman Indiya suka ƙware a kai, kuma ta cancanci a tsaya a fahimce ta. A ƙasa mai sanyin gaske rumman yakan zubar da ganye ya yi barci, ya farka ya yi fure sau ɗaya. A ƙasar zafi irin tamu ba ya barci, sai ya yi ta fure kaɗan-kaɗan kusan duk shekara, ƙarfinsa ya watse. Su sai suka ce ba za su bar masa zaɓi ba. Suna da lokuta uku na fure: Janairu zuwa Fabrairu, Yuni zuwa Yuli, da Satumba zuwa Oktoba. Manomi yakan zaɓi ɗaya kawai. Kafin lokacin sai ya hana itacen ruwa na wata ɗaya ko biyu, ya sa ganyen ya zube, ya yi masa aski, ya zuba taki, sannan ya sake masa ruwa. Itacen sai ya tofo gaba ɗaya ya yi fure lokaci guda. A wuraren da telya ta yi ƙamari, masana sun fi ba da shawarar furen Satumba zuwa Oktoba, don 'ya'yan su girma bayan ruwa ya ɗauke.

Yanzu mu yi namu lissafin. Daga fure zuwa nuna, rumman yana cin wata biyar zuwa bakwai, gwargwadon iri. Bhagwa, jan irin Indiya da ake nunawa a bidiyon nan, wajen wata shida yake so. Wonderful na Kalifoniya shi ma mai jinkirin nuna ne. Ranin Kafanchan kuwa daga Nuwamba ne zuwa Maris, wata biyar, kuma wata shekarar ruwan farko yakan faɗo tun Maris bai ƙare ba. Manomin Katsina ko Maraɗi yana da wata bakwai ko fiye na rani, yana da sarari. Mu ba mu da shi. In furen ya ɗaure a Oktoba, aka yi ta ban ruwa cikin hunturu da bazara, ana iya tsinka a ƙarshen Maris ko farkon Afrilu, da ƙyar. In aka makara furen ya kai Disamba, 'ya'yan za su nuna ne a Mayu ko Yuni, ruwa ya riga ya zauna. Saboda haka tambayar farko da za ka yi wa mai sayar da dashe ita ce kwana nawa irinsa ke yi kafin ya nuna. Irin da ke saurin nuna, kamar Ganesh, ya fi dacewa da kalandarmu ko da launinsa bai kai na Bhagwa ɗaukar ido ba. Tambaya ta biyu kanka za ka yi wa: kana da rijiya ko rafin da zai kai ka Maris bai ƙafe ba? Itacen yana jure ƙishi, ba zai mutu ba, amma mai ɗauke da 'ya'ya in bai sami ruwa a kai a kai ba, 'yan ƙanana zai ba ka, su ma su tsage ranar da ka tuna da shi.

Abin da nake yi da 'yan itatuwan da ke bayan gidana ke nan. Duk furen da ya fito cikin damina tsinke shi nake, ko da raina yana so. A ƙarshen Satumba in rage rassa, in tsige ganye da hannu, in zuba ruɓaɓɓen takin shanu. Wanda ya fito a Oktoba da farkon Nuwamba shi nake bari. Shekarar da ruwa ya ɗauke da wuri nakan sha rumman har in aika wa maƙwabta. Shekarar da ya ja zuwa Nuwamba, ko ya dawo da wuri, abin da nake samu kaɗan ne. Itacen gida ke nan, wanda ruwan wanke-wanke ma yana taimaka masa. Kadada guda kuwa wata magana ce.

Ga wanda zai gwada, kada ya shuka ƙwaya. Tana tsira, amma ba ta ɗauko halin uwa. Wannan ne ya sa na Alhaji, ko waɗanda suka tsira daga fashewa, ba su da zaƙin na Ɗa'ifa. Reshe ake dasawa, kamar yadda muke yi wa rogo. Nemi itacen da ka ga 'ya'yansa da idonka, ka ɗanɗana, ka duba ganyensa ba tabo, ka yanko reshen da ya shekara, mai kaurin fensir, tsawon santimita 20 zuwa 25. A kafa shi a leda a inuwa har ya yi saiwa, a dasa a farkon damina. Wuri kuma sai mai rana tun safe har yamma, a kan tudu ko gangare inda ruwa ba ya kwanciya. Jar ƙasarmu mai tsakuwa ba ta dame shi ba, fadama ce ba ya so. A tara ƙasa a gindin ya ɗan yi tudu, a bar mita huɗu zuwa biyar tsakanin itace da itace don iska ta ratsa. A kewaye shi saboda awaki, a sa ido kan gara.

Icce tun yana ɗanye ake tanƙwara shi, kuma a kan rumman wannan magana aiki ce ta zahiri. Gindinsa ba ya gajiya da fitar da tofo. In ka yi sakaci shekara ɗaya sai ya zama kurmi mai ƙaya, duhu da danshi a ciki, 'ya'ya kaɗan. A zaɓi rassa uku ko huɗu masu ƙarfi, duk wani tofo da ya biyo baya a cire. Yakan fara haihuwa a shekara ta biyu ko ta uku, amma sai ya kai biyar ko shida yake cika ƙarfi. Wannan ma sai mai sayar da babur ya sa a lissafi, don citta wata takwas ko tara ce ka tona.

Akwai abin da ke tayar wa mutane hankali ba dalili. Sai mace ta zo ta ce mini, "Baba, furen duk zubewa yake, ko an yi masa baki ne?" Ba baki ba ne. Fure iri biyu itacen ke yi. Akwai mai siririn gindi, wanda aikinsa ba da garin barbara ne kawai, ya gama ya faɗi. Akwai mai kumburarren gindi, shi ne ke zama ɗa. In na farkon ne ke zuba, lafiya ce. In 'ya'yan sun ɗaure da yawa a wuri ɗaya, a rage a bar ɗaya. Da sun kai girman ƙwai sai a sa kowanne a jakar takarda ko ta yadi a ɗaure bakin, saboda wani malam-buɗe-littafi da ke yin ƙwai a jikinsu, tsutsar ta huda ta shige, da kuma tsuntsaye da zafin rana. Kada a tsinka da wuri: rumman ba ya ƙarasa nuna a ɗaki. Alamar ya kai ita ce ya yi nauyi, gefensa ya ɗan yi kusurwa-kusurwa, in ka ƙwanƙwasa ka ji ƙara kamar ta ƙarfe. Da almakashi ake yankewa, ba a fizga.

Inda rumman ya yi wa sauran 'ya'yan itatuwanmu nisa shi ne ajiya. Mangwaro kwana kaɗan ne ya lalace, kuma duk shekara muna kallon yadda yake zubewa a banza. Rumman yakan yi makonni a ɗaki mai iska, a wurin sanyi ya yi wata biyu ko fiye, ɓawon ya bushe amma cikin yana nan. Jirgin ƙasan da ya raya Kafanchan ya daɗe bai ɗauki kayan gona ba, komai a mota yake bin ramukan hanya, kuma ɗan itace mai taurin ɓawo shi ke isa da mutuncinsa. Kasuwa ma ba nisa: ga Jos, ga Kaduna, ga Abuja ta hanyar Kwoi da Keffi. Wanda na gani a manyan kantunan Abuja, kwalayensa sunan Masar da Afirka ta Kudu da Indiya ke jiki, kuma kuɗin guda ɗaya zai saya maka tulin lemu a nan. Ba na musun cewa akwai kuɗi a ciki.

Cinsa yana son dabara, in ba haka ba riga ta ɓaci, don ruwansa ba ya fita da sauƙi. A yanke kambin, a tsaga ɓawon sama-sama ta bin layukan da suka ɗan taso, a ɓare shi cikin kwanon ruwa. Ƙwayoyin za su nutse, farin tantanin ya taso a kwashe. Ana taunawa a haɗiye duka. A Iran suna dafa ruwansa har ya yi kauri su yi miyar kaza da shi, kuma ba a raba su da rumman a daren Yalda, daren da ya fi kowanne tsawo a shekara. A Indiya suna busar da ƙwayoyin mai tsami su sa a miya. A garin Goychay na Azarbaijan biki guda ake yi masa duk kaka, wanda UNESCO ta sa cikin al'adun duniya a 2020. A gidana matsewa muke yi, a goga 'yar ɗanyar citta a ciki, wani lokaci a haɗa da zoɓo.

Ɓawon ma ba shara ba ne. Sinadarin da ke sa shi ɗaure baki shi ne irin wanda ke cikin bagaruwa, saboda haka majema a Maroko da wasu ƙasashe suka daɗe suna jima da shi, masu saƙar darduma a Iran kuma suna samun rini ruwan ɗorawa daga gare shi.

Sai maganar magani, inda nake so a saurare ni da kyau. Gaskiya ne an daɗe ana magani da rumman. Wani kundin likitancin Masar mai shekara wajen 3,500 ya ambaci saiwarsa don kashe tsutsar ciki, kuma a 1878 wani masanin haɗa magunguna Bafaranshe, Charles Tanret, ya ware sinadarin da ke yin wannan aiki a kan tsila. Amma sinadarin guba ne. In ya yi yawa yana kawo jiri da amai, yana taɓa gani. Yau da maganin tsutsa yake a kowane kemis, ba dalilin da zai sa a dafa wa yaro ko mai ciki saiwar rumman ko sassaƙensa. Ana dafa ɓawon ɗan don gudawa, kuma yana ɗan tsayar da ciki, amma yaro mai gudawa ruwan gishiri da sukari yake buƙata da asibiti. Ruwan rumman kuwa abin sha ne mai kyau, wasu bincike sun nuna yana ɗan sassauta hawan jini. Sai dai mai shan maganin hawan jini ko na tsinka jini ya tambayi likitansa kafin ya mayar da shi abin kullum, mai ciwon sukari kuma ya san cewa a gram 100 na ƙwayoyin akwai sukari wajen gram 14.

Masu talla ba sa faɗin cewa bitamin C da ke cikin gram 100 na rumman wajen miligram 10 ne, na lemu ya haura 50, na gwaibar da yaranmu ke jifa a bayan gida kuwa ya haura 200. A Amurka ma an kai ruwa rana kan wannan. A 2010 hukumar kula da kasuwanci ta tarayya, FTC, ta tuhumi kamfanin POM Wonderful da tallan cewa ruwan rummansa yana maganin ciwon zuciya da kansar maza da raunin mazakuta ba tare da isasshiyar hujja ba. Hukumar ta same shi da laifi a 2013, kotun ɗaukaka ƙara ta tabbatar da mafi yawan hukuncin a 2015. In kamfanin da ya kashe miliyoyin daloli a bincike bai iya kare wannan magana ba, mai kwalba a tasha ba zai iya ba. Ambaton ɗan itace a littafi mai tsarki girma ne gare shi, amma bai zama izinin a yaudari mara lafiya da sunansa ba.

Hukuncina shi ne rumman ba zai maye gurbin citta a kudancin Kaduna ba. Wurinsa a jihar nan, in za a yi gona sosai, ya fi kusa da Kudan da Makarfi da Ikara, inda rani ya fi tsawo, inda manoman Kudan suka riga suka nuna cewa inabi ma yana yi. A nan wurinsa tsakar gida ne da gefen lambun rani, a hannun mai rijiya da haƙuri.

Sai dai hukuncin tsohon malamin gona ba ya isa. Tsangayar koyon aikin gona ta Jami'ar Jihar Kaduna a nan Kafanchan take, ga makarantar aikin gona a Samarun Kataf, ga reshen cibiyar binciken kayan lambu ta ƙasa, NIHORT, a Bagauda ta jihar Kano. Ina roƙonsu su ware fili kaɗan, su jera iri huɗu ko biyar, har da na Katsina da na Timiya, su rubuta ranar fure da ranar nuna da yawan wanda ya fashe na wasu shekaru, su fito su gaya wa manoma da Hausa a rediyo. Kafin wannan ta samu, ɗan'uwa manomi, kada ka sayar da babur ko akuya saboda bidiyo. Dasa gindi biyu ko uku kusa da rijiyarka, ka ga yadda za su yi da damina uku, sannan ka yanke shawarar ba shi gona.